Wa Zai Duba Hujjar da Ta Fi Ƙarfin Ido?

Ɗauko taswirar Afirka da fensira masu launi. Sharaɗin ɗaya ne: ƙasashe biyu da suka haɗa iyaka kada su zo da launi iri ɗaya. Fara da Nijar, ka shafa mata ja. Maƙwabtanta bakwai ne, sun yi mata zobe, kowace na taɓa wadda ke gaba da ita. Aljeriya kore, Libiya shuɗi, Chadi kore, Najeriya shuɗi (iyakar Chadi da Najeriya 'yar gajeriya ce a Tafkin Chadi, amma iyaka ce), Benin kore, Burkina Faso shuɗi. Saura Mali. Ta haɗa iyaka da Burkina Faso mai shuɗi, da Aljeriya mai kore, da Nijar mai ja, don haka dole ka nemo launi na huɗu. Bakwai ɗin ce ta jawo. Da adadin maƙwabtan cika ne, kamar shida na Burkina Faso, launi biyu sun isa a zagaye zoben, amma mara ba ta yarda.

To akwai taswirar da za ta tilasta maka launi na biyar? Francis Guthrie ne ya yi wannan tambaya a 1852 yana shafa launi a taswirar gundumomin Ingila, bisa sharaɗin kowace ƙasa dunƙule take wuri ɗaya, kuma haɗuwa a ɗigo ɗaya ba iyaka ba ce. Sai a 1976 Kenneth Appel da Wolfgang Haken na Jami'ar Illinois a Amurka suka amsa cewa babu. Amma hujjarsu ta zo da abin da masana lissafi ba su saba gani ba. Babban sashenta kwamfuta ce ta yi shi, cikin awa kusan 1,200, kuma babu mahaluƙin da zai iya bin sa da takarda da alƙalami ko da zai ƙarar da rayuwarsa a kai.

Tun lokacin ake jayayya kan ko wannan hujja ce, kuma yanzu da ƙirƙirarriyar basira ta shiga hannun kowane ɗalibi, jayayyar ta bar ɗakin masana ta shigo aji. Matsayina shi ne hujja ce. Na ma ƙara da cewa hujjar da na'ura ta tantance yadda ya kamata ta fi wadda mutum uku suka karanta suka sa hannu aminci. Sai dai abubuwa daban-daban ne ake rufewa da jimlar "kwamfuta ta tabbatar", wasu cikinsu ko kusa da hujja ba su zo ba, kuma wanda bai iya rarrabe su ba za a sayar masa da gaibu.

Sai an ga inda ɗan Adam ya gaza kafin a gane abin da na'urar ta yi. Dabarar ita ce a ɗauka akwai taswirorin da launi huɗu ba su ishe su ba, a zaɓi mafi ƙanƙanta a cikinsu, sannan a nuna ba za ta yiwu ba. Ƙa'idar Euler ta ce in ka ƙirga mahaɗan iyakoki, ka debe layukan iyaka, ka ƙara yankuna har da na waje, 2 za ka samu. Daga nan ake fitar da cewa kowace taswira tana da ƙasar da maƙwabtanta ba su wuce biyar ba. In uku ne, da sauƙi: cire ta, abin da ya rage ya fi ƙanƙanta, saboda haka launi huɗu sun ishe shi, sai ka mayar da ita ka ba ta launin da maƙwabtan uku suka bari. In huɗu ne kuma sun cinye launukan duka, a jere ja, kore, shuɗi, rawaya, nan Alfred Kempe, wani lauya a Landan, ya kawo dabara mai kyau a 1879. Ka tashi daga maƙwabciya ja ka bi sarƙar ƙasashen da ke manne da juna masu ja ko shuɗi. In sarƙar ba ta kai ga maƙwabciya shuɗiya ba, musanya launukan biyu a sarƙar kaf, ja ya samu kansa. In ta kai, to ta zama katanga tsakanin kore da rawaya, sai ka yi musanyar a sarƙar kore da rawaya. Ko ta ina ka bi, launi ɗaya zai fito.

A kan maƙwabta biyar ne Kempe ya yi tuntuɓe. Ya yi musanya biyu a lokaci guda, yana ganin ɗaya ba za ta taɓa ɗaya ba. Aka buga hujjar, manyan masana suka karɓa, aka zaɓe shi cikin ƙungiyar masana kimiyya ta masarautar Ingila a 1881. Sai a 1890 Percy Heawood ya zana taswirar da sarƙoƙin ke sarƙewa da juna, musanyar farko ta rushe katangar da ta biyu ta dogara da ita. Shekara 11 ana riƙe da hujjar da ba hujja ba, gajeriya ce, kuma kowa na iya karanta ta. Abin da Heawood ya iya cetowa shi ne launi biyar sun isa.

Tunda ƙasa ɗaya mai maƙwabta biyar ta gagara, sai aka koma ga gungu-gungun ƙasashe. Aikin ya rabu biyu. Na farko, a haɗa jerin gungu da za a nuna cewa kowace taswira dole ta ƙunshi aƙalla ɗaya daga cikinsu. Na biyu, a nuna kowane gungu a jerin ana iya cire shi a mayar, yadda muka yi da mai maƙwabta uku. Na biyun ne ke cin rai, domin sai an bi duk yadda za a iya shafa launi a zoben da ya kewaye gungun. Zobe mai ƙasa 14 yana da hanyoyi 199,291 mabambanta, kuma jerin farko na Appel da Haken gungu 1,936 ne. Wannan sashen aka ba na'ura. Sashen farko su suka yi shi da hannu, shafuka ɗaruruwa. Abin da masu sukar na'ura ba su cika faɗa ba shi ne, da Ulrich Schmidt, wani ɗalibin digiri na biyu a Aachen ta Jamus, ya tono kuskure a 1981, a sashen hannun ya same shi. An gyara, hujjar ta tsaya.

Suka mafi ƙarfi daga masanin falsafa Thomas Tymoczko ta fito a 1979, kuma ba ta wasa ba ce. Abin da ya bambanta lissafi da sauran kimiyya, a fahimtar da aka gada tun zamanin Euclid, shi ne mai hankali na iya zama ya bi hujja mataki-mataki har ya ga gaskiyarta da kansa, ba ya buƙatar ɗakin gwaji ko shaidar wani. Gani ya kori ji. Tymoczko ya ce a nan ba ka gani ba, an ba ka labari ne cewa wata na'ura ta yi aiki ta ce e. Yardarka ta rataya a kan wayoyin lantarki da ingancin manhaja, wato a kan gwaji, irin na masanin sinadarai. In haka ne, katangar da ke tsakanin lissafi da kimiyyar gwaji ta faɗi.

Ina ganin ya haɗa abubuwa biyu da ya kamata a raba. Mai sayen hatsi da ya soki buhu biyar cikin ɗari ya ga gero mai kyau, zato ya yi game da sauran casa'in da biyar. Wanda ya sa aka kwance buhu ɗarin duka ba zato ya yi ba, ko da ba shi ya kwance da hannunsa ba. Abin da ya rage masa shi ne ya tabbatar mai kwancewar bai tsallake ko ɗaya ba. Kimiyyar gwaji irin ta farko ce, kuma ba aibi ba ne, haka halittarta take. Dokar Newton ta jan nauyi ta yi aiki har ta kai masanin taurari Le Verrier ga hasashen inda duniyar Neptune take a 1846, amma kewayen Mercury ya ƙi daidaita da ita da tazarar da ba ta kai kashi ɗaya cikin tamanin na digiri ba a shekara ɗari, sai da Einstein ya zo da wani bayani a 1915. Kullum akwai abin da ba a duba ba tukuna. A lissafi ma, gwada misalai ba ya zama hujja komai yawansu. Ɗauki n² + n + 41. Sa 0, ka samu 41. Sa 1, ka samu 43, sannan 47, 53, 61, duk lambobin da ba sa rabuwa sai da 1 da kansu. Haka za ka yi ta samu har n ta kai 39. A 40 sai 1,681 ta fito, wato 41 sau 41. Hasashen Goldbach, cewa kowace lamba cika da ta wuce 2 jimlar irin waɗannan lambobi biyu ce, an bi shi da kwamfuta har lamba 4 mai sifiri 18 a bayanta ba a ga inda ya karye ba, kuma har gobe hasashe ne sunansa. Abin da Appel da Haken suka yi daban ne. Sun kafa da hujja cewa lamuran da za a duba ƙidayayyu ne, sannan aka duba su ɗaya bayan ɗaya har ƙarshe.

Batun "gani da ido" kuwa, an daɗe da barin sa ba a sanar ba. Rarrabe ƙungiyoyin aljabara masu iyaka da ba sa ƙara rabuwa, wato tubalan da ake gina sauran irin waɗannan tsare-tsaren lissafi da su, ɗaya daga manyan nasarorin ƙarni na 20, hujjarsa na warwatse a dubban shafuka na marubuta kusan ɗari. An sanar da kammala shi a 1983, daga baya aka gane akwai giɓi, kuma sai a 2004 Michael Aschbacher da Stephen Smith suka cike shi da littafi mai juzu'i biyu, shafi sama da 1,200. Masanin da ke amfani da wannan sakamako yau bai karanta hujjar ba, ji ya yi. Vladimir Voevodsky, wanda ya ci lambar yabo ta Fields, ɗaya daga mafi girma a fagen lissafi, a 2002, ya buga wani sakamako tare da Mikhail Kapranov. A 1998 Carlos Simpson ya kawo misalin da ya saɓa masa, amma bai iya nuna layin da kuskuren yake ba, shi kuma Voevodsky bai gamsu cewa nasa ne ba daidai ba sai a 2013. Shekara 15 manyan masana biyu na riƙe da maganganu masu karo da juna, babu mai raba gardama. Ba mamaki da Voevodsky ya ƙarar da ƙarshen rayuwarsa wajen gina tushen lissafin da na'ura za ta iya dubawa.

Duk da haka ba zan ce a rungumi duk abin da na'ura ta tofo ba. Manhajar da mai bincike ya rubuta don aikinsa shi kaɗai, bashi ce a kan hujjar har sai an biya. A 1994 Thomas Nicely, malamin lissafi a Virginia, yana bincike kan tagwayen lambobin da ba sa rabuwa, ya gano cewa ƙwaƙwalwar Pentium ta kamfanin Intel tana kuskuren rabawa a wasu lambobi, abin da ya ci wa kamfanin dala miliyan 475. Ƙarfen kansa na iya kuskure, balle manhajar da mutum ɗaya ya rubuta cikin dare. Thomas Hales ya ɗanɗana wannan. A 1998, tare da ɗalibinsa Samuel Ferguson, ya kawo hujjar hasashen Kepler na 1611, cewa babu yadda za a tara ƙwallaye masu girma ɗaya su cika wuri fiye da yadda mai lemo ke jera nasa a dala, wato kusan kashi 74 cikin 100 na sararin. Rubutu shafi 250, bayanai da manhajoji gigabait 3. Mujallar Annals of Mathematics ta ba mutum 12 su tantance. Bayan shekara huɗu suka ce sun gamsu kashi 99 cikin 100, amma ba za su iya shaidar lissafin kwamfutar ba. Ba na ganin laifinsu, gaskiya suka faɗa.

Hales bai tsaya jayayya ba. A 2003 ya fara sake rubuta hujjar gaba ɗaya cikin harshen da na'ura ke dubawa, shi da tawagarsa suka gama a Agustan 2014. Georges Gonthier da Benjamin Werner sun riga sun yi wa batun launi huɗu irin wannan a 2005 da manhajar Coq, bisa sabuwar hujjar da Robertson, Sanders, Seymour da Thomas suka rage zuwa gungu 633. Wannan ne nake nufi da "yadda ya kamata", kuma ga yadda yake aiki. Ana rubuta ma'anar kowace kalma da maganar da ake son tabbatarwa cikin alamomin manɗiƙi. Ana rubuta hujjar, da taimakon kayan aiki masu sarrafa kansu da ke cike ƙananan matakai. Duk abin da waɗannan kayan suka samar, komai girmansu da wayonsu, ba a yarda da shi sai ya bi ta wata 'yar ƙaramar ƙwaya da ba ta san komai ba sai 'yan dokokin manɗiƙi. Aikinta ta tambayi kowane mataki: daga wace doka ka fito? A manhajar HOL Light da John Harrison ya rubuta, wadda Hales ya yi amfani da ita, ƙwayar layi 'yan ɗaruruwa ce, mutum na iya karance ta a zama ɗaya. Ka ga ido bai bar aiki ba. An ɗauke masa shafuka dubu, an ba shi 'yan shafukan da zai iya dubawa da gaske. Kuma tunda hujjar fayil ce a ajiye, wani na iya rubuta tasa ƙwayar, a wani harshen manhaja, a kan wata na'urar, ya sake bi. Kuskuren ƙarfe ɗaya ba zai maimaita kansa daidai a na'urori daban-daban ba.

Inda abin ke lalacewa ba inda mutane ke zato ba ne. Da wuya ƙwayar ta yi kuskure, ko da yake an taɓa samun ɓaraka a irin waɗannan manhajoji aka toshe. Babban rami shi ne a tabbatar da maganar da ba ita ake nufi ba. A manhajar Lean, wadda ta fi tashe yanzu a cikin manhajojin duba hujja, in kana aiki da lambobin ƙirga, 2 a debe 5 sifiri ne, domin babu abin da ke ƙasa da sifiri a wannan rukuni. Raba lamba da sifiri ma sifiri yake bayarwa, an tsara shi haka don sauƙin aiki. Saboda haka, a rukunin lambobin da ya haɗa da irin rabi da sulusi, maganar "akwai lambar da in an raba 1 da ita za a samu sifiri", wadda ƙarya ce a takarda, za ta wuce a Lean salin-alin, sai in ka rubuta sharaɗin cewa lambar ba sifiri ba ce. Rami na biyu shi ne sharuɗɗa masu karo da juna. In ka rubuta "idan n ta fi 5 kuma ba ta kai 3 ba", duk abin da ka sa a bayansa zai tabbata, tunda babu irin wannan n. A misali ƙarami abin dariya ne, amma a ma'ana mai layi arba'in yana ɓuya sosai. Na uku, kalmar sorry, wadda Lean ke bari a ajiye a gurbin matakin da ba a gama ba. Na huɗu, a ƙara wani ginshiƙi a ɓoye, wato maganar da aka ɗauka ba tare da hujja ba. Waɗannan biyun na ƙarshe umarni ɗaya ke tona su, #print axioms, wanda ke jero duk abin da hujjar ta jingina da shi. Lafiyayyar hujja ba ta wuce ginshiƙai ukun da aka saba ba, ciki har da na zaɓi, mai cewa ana iya zaɓo abu ɗaya daga kowane tarin da ba fanko ba komai yawan tare-taren, wanda aka yi ta taƙaddama a kansa tun da masanin lissafi Zermelo ya fito da shi a 1904.

Wani zai ce ai masanin manɗiƙi Gödel ya nuna tun 1931 cewa tsarin da ya isa ya ɗauki lissafin ƙirga ba zai iya tabbatar da cewa shi kansa ba ya karo da kansa ba. Haka ne. Amma wannan ya hau kan hujjar alli da allo daidai yadda ya hau kan ta na'ura, ginshiƙan iri ɗaya ne. Bambancin kawai, na'ura na tilasta maka ka ambace su.

Da wannan ma'auni za a auna ƙirƙirarriyar basira. Manhajar hira da ke rubuto maka hujja cikin lafazi mai daɗi ba ta tabbatar da komai ba. Ta kan tsallake mataki mai wuya da "a bayyane yake", kamar ɗalibin da bai yi karatu ba amma ya iya baki. Tsarin ƙirƙirarriyar basira AlphaProof na kamfanin DeepMind, wanda tare da ɗan'uwansa na lissafin siffofi ya warware tambaya huɗu cikin shida na gasar lissafi ta duniya ta 2024, da maki 28 cikin 42, a Lean yake rubuta amsoshinsa, ƙwaya ta duba. Darajar amsar daga dubawar ta zo, wanda ya rubuta ta ko mutum ne ko na'ura bai canza komai ba.

Akwai abu ɗaya da na yarda masu suka sun fi ni gaskiya a kai. Hujja ba tabbaci kaɗai take bayarwa ba, tana koyar da dalili. A 2016 Marijn Heule, Oliver Kullmann da Victor Marek suka amsa wata tambaya: za a iya raba lambobin ƙirga gida biyu, ja da shuɗi, ta yadda babu lambobi uku irin 3, 4, 5, masu cika a² + b² = c², da za su faɗa gida ɗaya? Daga 1 zuwa 7,824 ana iyawa. Da an ƙara 7,825 ba ya yiwuwa. Hujjar terabait 200 ce, an tantance ta, ban da shakka a kanta. Amma me ya sa 7,825? Babu abin da ta ce. Dabarar sarƙar Kempe, duk da ta gaza a inda ya kai ta, ta koyar da abin da har yau ake aiki da shi, wannan kuwa amsa ce tsirara. Sai dai rashin koyarwa aibin wannan hujjar ce, ba na tantancewar na'ura ba. A Disamban 2020 Peter Scholze, wanda ya ci lambar Fields a 2018, ya fito fili ya ce akwai wata hujja tasa mai wuya da ya yi da Dustin Clausen wadda bai natsu da ita ba, kuma yana ganin kusan babu wanda ya bi ta daki-daki. Johan Commelin ya jagoranci masu sa kai suka zuba ta a Lean, suka kammala a Yulin 2022. Hujjar ta tsaya, kuma Scholze ya ce aikin ya sa ya gane abin da ke riƙe da ita a zahiri, wanda da bai gani ba.

Shi ya sa nake ganin sassan lissafi na jami'o'inmu, daga Zariya da Kano zuwa Sakkwato da Yamai, suna barin dama tana wucewa. Lean kyauta ce, tana aiki a laftop na talaka, kuma ɗakin karatunta na Mathlib ya haura layi miliyan ɗaya na lissafin da aka riga aka tantance. Ɗalibin da ba a san sunan jami'arsa a Turai ba yana shan wuya kafin editan mujalla ya ba aikinsa lokaci, amma ƙwaya ba ta duba adireshi. Ba sai an ƙirƙiro sabon digiri ba. A kwas ɗin farko da ake koyar da hujja, a ware makonni kaɗan ɗalibai su rubuta abin da suka yi a takarda cikin Lean, su fara da irin "jimlar mara biyu cika ce". Mafi yawansu a nan za su fara gane yawan matakan da suke tsallakewa. Malamin da ke duba aikin kuma ba sai ya bi kowane layi ba. Ya buɗe fayil ɗin a tasa kwamfutar maimakon ya karɓi hoton allo, ya buga #print axioms, sannan ya zauna da ɗalibin su karanta ma'anoni da jimlar da aka ce an tabbatar, kalma bayan kalma, yana neman sharaɗin da aka manta da wanda aka cusa. Makin ya fi yawa a kan wannan karatun.